Lamunin Kara da Lamunin Banki

Ina jin abin da kuke faɗa a rumfar mai shayi, ku masu sayar da shanu ta waya. Wai dillanci ba sana'a ba ce, zaman benci ne da miƙa hannu a karɓi la'ada. Wai ku hoton sa za ku ɗauka ku tura wa mai otal a Ikeja, ya turo kuɗi, an gama, ba sai wani tsoho mai sanda ya shiga tsakani ba. To madalla. Ni dai na haura shekara arba'in a karar Agege, kasuwar shanu, kuma tunda kun ce da sauƙi, ku matso in gaya muku abin da sauƙin ya ci mini.

Sunana Sule. A nan Agege aka haife ni, a nan aka haifi ubana. Kakana soja ne, da ya ajiye kaki bai koma Arewa ba, ya samu fili kusa da layin dogo ya kafa ɗaki biyu. Ubana tela ne, da ɗinkin kaftani da kayan 'yan makaranta ya mayar da wurin gida mai ɗaki tara. Na yi firamare na gama, ina karanta jarida a hankali, Yarbanci kuwa ina jin sa kamar ɗan Abekuta. Keken ɗinki ne ya ƙi ni, ni ma na ƙi shi. Da ubana ya gaji da biyan yadin mutane da nake ɓatawa, sai ya kama hannuna ya kai ni wurin amininsa Alhaji Mamman, babban dillali a kara, ya ce masa, "Ga shi nan. Ya kasa da allura, ko Allah zai sa ya iya da dabba."

Aikin farko da Alhaji ya ba ni shi ne in yi shiru. Shekara biyu ina riƙe igiya, ina ɗebo ruwa, ina kwashe kashi, ban buɗe baki a ciniki ba ko sau ɗaya. Wata safiya aka sauke wani sa, bokolo fari, jikinsa sai sheƙi, ciki ya cika tam. Alhaji ya juyo ya ce, "Sule, nawa?" Na yi murna yau an tambaye ni, na faɗi kuɗi mai kauri. Ya sa sandarsa ya tokari cikin san, ya ce in kasa kunne. Sai na ji ruwa yana motsi kamar a tulu. Ashe gishiri aka ba shi a hanya, aka sake shi a kan ruwa ya sha iya shansa. Alhaji ya kama hannuna ya ɗora a gindin wutsiya, ya ɗora a haƙarƙari, ya ɗora a ƙirji, ya ce nan ake duba nama, mahauci ba ruwa yake saya ba. Wannan san a hoton waya da ya fi kowane kyau a kara ranar.

Kayan aikinmu ba su da yawa: sanda, igiya, ido. Amma ido kowa yana iya koya. Abin da ke riƙe da kara shi ne lamuni. Bafatake ya taso daga Maraɗi ko Potiskum da tirelar shanu, kwana uku a hanya, bai san kowa a Legas ba. Mahauci yana son shanun amma ba shi da kuɗi sai ya yanka ya sayar. Sai a yi ciniki a gama, mai shanu ya tambaya, "Wa ya tsaya?" Dillali ya ce, "Ni na tsaya." Shi ke nan, a kwance igiya a kora shanu, ba takarda ba tambari.

Lamunina na farko bayan Alhaji ya sallame ni, na wani mutumin Nijar ne mai suna Isufu. Shanu rahaji biyar ya kawo, wani mahauci Lasisi ya taya, aka daidaita a kan kwana takwas, na tsaya. Ranar ta cika Lasisi ya kawo kuɗin huɗu, na biyar ya ce ruwan sama ya ɓata masa kasuwa, nama ya kwana. Isufu ya bi shi kwana biyu, don haka ake yi, mai bashi ake fara bi. Da ya tabbata babu, ya zo wurina. Na shiga gida na sayar da rediyona da agogona, na haɗa da abin da nake tarawa na aure, na cika masa. Ya ƙirga a gaban mutane ya ce, "Na sauke ka, Sule." Daga wannan kalma ba ni da sauran nauyi. Ko washegari Lasisi ya koma ya ɗauki shanu ɗari a hannun Isufu, ba ruwana, sai in an sake kirana an sake tambayata. Lasisi ya biya ni a hankali cikin wata uku, har da tsarabar ƙafar sa.

Haka na yi shekara talatin. Na biya wa mutane da yawa, wasu sun mayar mini, wasu sun mutu da nawa. Ban taɓa guje wa mai shanu ba, kuma da wannan na yi aure, na je Makka, na sayi kason 'yan'uwana a gidan ubanmu aka mayar da takarda da sunana. Babbar yayata, Yaya Asabe, da mijinta ya rasu na ce ta dawo ta zauna a ɗakin da aka haife ta, ba wanda zai tashe ta.

Alhaji Mamman ya rasu ya bar ɗa, Nasiru, wanda na sha ɗauka a kafaɗa in zagaya da shi kara. Ya yi jami'a, ya dawo da kwat da jaka. Wata rana bayan La'asar ya same ni a bencina, ya durƙusa ya gaishe ni yadda ya kamata, ya ce, "Yaya Sule, na buɗe kamfani. Za mu riƙa yanka a nan, mu sa a ɗakin sanyi a Ojota, motoci su kai wa manyan otal. Banki ta yarda ta ba kamfanin kuɗi, amma sun ce sai na kawo garanto, mutum mai suna."

Na ce, "Nawa ne?"

Ya faɗa. Na auna a kaina, kamar kuɗin tirela biyu na shanu.

"Wata nawa?"

"Sha takwas, Yaya."

Ku lura, tambayoyin kara na yi masa: kai nawa, kwana nawa. Su na sani, kuma a wurinmu su ke nan. Na duba na ga ko abin ya ɓaci, tirela biyu ba za ta kai ni ƙasa ba. Ga shi ubansa ne ya ɗora hannuna a kan haƙarƙarin sa. Na ce mu je.

A bankin wata ma'aikaciya ce ta zaunar da mu, ta kawo takardu masu kauri. Ta karanto wasu wurare da Turanci, da sauri, ina kama ɗaya ina rasa uku. Na ji ta faɗi adadin kuɗin, daidai da abin da Nasiru ya gaya mini. Na juya na tambaye shi da Hausa, "Duk wannan shafuka na mene ne?" Ya ce, "Lamuni ne, Yaya, irin wanda kuke yi kullum. Su dai sai sun rubuta." Akwai wata takarda da aka ce in lissafa abin da na mallaka, na sa gida. Ba su nemi takardar gidan ba, ban jinginar da shi ba, don haka hankalina kwance. Sai matar ta dube ni ta ce, "Baba, kun gane?" Wallahi har na ji haushi. Ni da nake tsaya wa mutane tun ba a haife ta ba, ita ce za ta tambaye ni ko na gane lamuni? Na ce na gane. Na sa hannu a duk inda ta ɗiga fensir.

Kamfanin ya yi kyau da farko, ba zan ɓoye ba. Kafin wata sha takwas Nasiru ya zo gida da goro da kular nama, ya nuna mini takarda ya ce an biya kaf. Na yi hamdala, na sa masa albarka. A raina an sauke ni. Ba wanda ya fito daga banki ya faɗa mini haka, ni ma ban je na tambaya ba, don ban ga abin tambaya ba a bashin da aka riga aka biya.

Bayan shekara uku aka shiga mummunar shekarar nan da man dizil ya tashi, hanyar Arewa ta yi wuya, shanu suka yi tsadar da mahauta uku ke haɗuwa a kan sa ɗaya. Mu a kara mun ji jiki, na yi wata biyu la'adata ba ta wuce kuɗin cefane ba. Ina jin labarin kamfanin Nasiru daga nesa: injin ɗakin sanyi ya mutu, nama ya ruɓe, otal sun riƙe masa kuɗi. Na tausaya masa kamar yadda ake tausaya wa kowa, ban san da ni a ciki ba.

Ranar wata Talata ina tsakiyar ciniki wani mutum mai farar riga da jakar takardu ya sauka daga okada, yana ta ɗaga ƙafa don kada kashin shanu ya taɓa takalminsa. Ya tambayi Alhaji Sule, aka nuna ni. Da Yarbanci muka yi magana. Ya ce daga banki yake, sashen karɓo bashi, ya miƙo mini wasiƙa. Na karanta adadin sau biyu. Ba tirela biyu ba ce, ta kusa tara.

Na ce, "Kun ɓata hanya. Wanda na tsaya wa an biya."

Ya ce, "An biya, Baba. Sai kamfanin ya sake karɓar wani, babba."

"Wa ya tambaye ni?"

"Ba sai an tambaye ku ba. Yana cikin abin da kuka sa wa hannu."

"To ku je ku kama kamfanin."

"Kamfanin ya mutu, Baba."

Na ce, "Allah ya jiƙansa. Wa ya yi masa salla ban ji ba? To Nasiru fa, shi ma ya mutu?"

Ya ce Nasiru ma ya sa hannu kamar ni, amma gidan haya yake, motocin da sunan kamfani suke kuma an riga an kwashe su, shi kansa ba a san inda yake ba. Sai ya rage murya ya ce, "E jo, don Allah Baba, ba ni na rubuta ba. Oga ne ya ce a zo wurin mai gida." Na ce ya gaya wa ogansa ya zo da kansa, kuma ya sa takalmin roba.

Na nemi Nasiru a waya kwana huɗu. A na biyar ya kira da wata baƙuwar lamba, daga Kwatano. Na tambaye shi abu ɗaya, ranar da ya je karɓar bashi na biyu me suka ce masa game da ni. Ya ce sun gaya masa ba sai ya kawo sabon garanto ba, tsohon yana nan daram. Ya ce ya yi niyyar sanar da ni in ya biya. Wannan shirun da ya yi bai sanar da ni ba shi ne abin da ya ƙona mini rai, ba karyewar kamfani ba, don karyewa kowa yana yi. Na kashe wayar ban zage shi ba, saboda ubansa.

Limaminmu ya haɗa ni da wata lauya, Barista Rukayya, 'yar nan unguwar ce, na san kakanta. Na tafi ofishinta da Yaya Asabe, don ta ce ba za a yi maganar gida ba ta nan ba. Barista ta karanta takardun tun daga farko har ƙarshe, abin da ban yi ba, sannan ta cire tabarau ta ce, "Baba, abin da kuka sa wa hannu ba irin lamunin kara ba ne. Nan an rubuta kun tsaya wa duk abin da kamfanin zai ci bashi, na yau da na gaba, har sai ranar da kuka rubuto kun janye. Da ranar da aka biya na farko kun aika musu layi biyu, da wannan bai hau kanku ba."

Na ce ai ko a haka ne, mai bashi ake fara bi. Ta nuna mini wani layi da yatsa, ta ce a nan na yarda banki ta neme ni kai tsaye kamar ni na ci kuɗin, ba sai ta fara bin kamfani ko Nasiru ba. Ta ce a idon doka kamfani mutum ne mai zaman kansa, in ya karye ya karye da bashinsa, masu shi su kakkaɓe riga su tafi, shi ya sa banki take neman mutum mai jini a jika ya sa hannu da sunansa. Na ce to gidana dai ban jinginar ba. Ta ce haka ne, amma in kotu ta yanke cewa ana bi na, tana iya ba da izinin sayar da abin da na mallaka, kuma ni da hannuna na rubuta musu ina da gida.

Yaya Asabe ta ce, "Yanzu ba wata ƙofa, 'yar nan?"

Barista ta mayar da tabarau. Ta ce akwai dokar da ke kare wanda bai iya karatu ba, in aka sa shi ya sa hannu ba a fassara masa ba. Sai ta tambaye ni ko na iya karatu. Na ce na iya, a hankali. Ta tambaya ko an tambaye ni na gane. Na ce an tambaya, na ce e. Ta ce, "To ni ba zan tsayar da ku ku rantse a kan abin da ba haka yake ba. Akwai masu yi, amma ba ni ba."

Tun a cikin motar danfo Yaya Asabe ta fara, ba ta bari mun isa gida ba. "Sule, kalma ɗaya ce. Ka ce ba ka iya ba. Wa zai ce ka iya? Dubi rigarka, dubi sandarka, alƙali yana ganinka zai yarda. Su ba su cuce ka ba? Gidan Baba ne fa, da allura ya gina shi." Kwana da kwanaki tana wannan magana, har ta samo wani lauya na bakin kotu da ya ce shi zai tsara mini abin da zan faɗa. Ban ga laifinta ba. Tana da shekara saba'in, ba ta da wani wuri.

Na auna abin, kada ku ɗauka ban auna ba. Amma Alƙur'ani za a miƙo mini in dafa. Ban da wannan kuma, duk bafataken da ke sauka a wurina ya san ni nake karanta masa takardar hanya da ta likitan dabbobi. Kafin in sauko daga matakalar kotu labari ya isa kara cewa Sule ya rantse bai iya karatu ba. Mutumin da ya musanta hannunsa a gaban alƙali, wane mai hankali ne zai saki shanu arba'in a kan bakinsa? Na gaya wa Yaya Asabe ba zan yi ba. Ta ce, "To ka zaɓi kara, ka bar ni." Ta shiga ɗaki ta rufo ƙofa.

A kotu na ce da Hausa zan yi magana, aka kawo tafinta. Lauyan banki ya ɗaga takarda ya tambaya ko wannan hannuna ne. Na ce nawa ne, duk wuraren. Ya yi turus, da alama ya shirya wa musu. Na ce amma lamuni na yi, kuma lamunin da na yi an biya. Sai na ji tafinta ya juya ya ce wa mai shari'a garanti. Na ɗaga hannu na ce a'a, kada ka ce garanti, wannan fassarar ce ta kawo ni nan. Mai shari'a, mace ce mai furfura, ta ce in bayyana bambancin. Na bayyana. Na ce mu a wurinmu ana tsaya wa abin da aka gani da ido, a kan kwanakin da aka faɗa, kuma ba a ƙara wa mutum kaya yana barci. Na ce su da suke da lambar wayata da adireshin gidana, har suka iya samo ni a tsakiyar kara ranar karɓa, me ya hana su samo ni ranar bayarwa? Ta saurare ni har na gama, ta rubuta. Ranar hukunci ta ce al'adar da na bayyana mai kyau ce, amma abin da ke gabanta takarda ce, kuma na amsa hannuna ne. Aka ce in biya.

Har gobe ina nan a kan bakana, abin da suka yi ba lamuni ba ne, ko da doka ta ba su. Amma ku da kuke ganin kun waye, ku ji da kyau: in aka ce ku tsaya wa kamfani, ba kamfanin za a kama ba, ku za a kama. Ku sa a rubuta iyakar kuɗin da iyakar lokacin, ku kai wa lauyanku ba na mai neman bashin ba, kuma ranar da aka biya ku je da ƙafarku ku karɓo takardar sallama. In aka tambaye ku kun gane, kunya ba ta cikin cewa a'a.

Barista Rukayya ba ta zauna ba. Ta bi lissafinsu layi-layi ta gano ruwan da suka ɗora wa ruwa, aka zauna aka rage, tirela tara ta dawo kamar bakwai. Ta ce mini kuma doka ta ba ni dama in bi Nasiru da duk abin da na biya. Na ce ta ajiye mini damar a durowa. Abu ɗaya na roƙa ta nema mini: kada a yi gwanjon gidan. Na ga yadda ake gwanjo, a taru a raba dukiyar mutum a kuɗin akuya. Na ce a ba ni lokaci in sayar da kaina. Banki ta ba da kwana casa'in, in ya wuce su kawo mai ƙararrawa.

Duk Agege ta san an matse ni, don haka masu saye suka zo da tayin raini. Na kore su. Mai saye na gaske ɗaya ne, wani mai gina shaguna da ya riga ya sayi gidan da ke jikin nawa, kuma na san ba zai iya yin ginin da yake so ba sai da filina, don ta wajena titi yake. Shi ya san ranar da wa'adina zai cika, ni na san abin da ya riga ya kashe. Ya zo a kwana na ashirin ya taya, kuɗin bai kai bashin ba. Na ce albarka, wato ban sayar ba. Ya yi dariya ya tafi. Ya dawo a na sittin ya ƙara, ya kai bashin cif. Na ce albarka. Barista ta kira ni ta ce, "Baba, ku karɓa, in aka kai gwanjo ba za ku samu rabin wannan ba." Matata ta daina cin abinci. Ni kaina tsoro ya kama ni. Amma na ga idonsa lokacin da yake magana, ba ni yake kallo ba, bakin titi yake aunawa. Kuma ya san in aka kai gwanjo ba shi kaɗai zai taya ba.

Saura kwana uku ya zo da sassafe, shi da lauyansa, na shimfiɗa musu tabarma a tsakar gida. Ya ce, "Baba, wannan ne na ƙarshe." Ya faɗa. Na ce ya ɗora kuɗin ɗaki biyu a kai. Ya miƙe tsaye, ya kai har bakin ƙofa, ni ban motsa ba, ina jan carbi. Ya tsaya ya yi magana da lauyansa ƙasa-ƙasa, ya dawo ya zauna. Ya ɗora. Yaya Asabe tana bakin ƙofar ɗakinta tana jin komai. Na buɗe baki in ce na sallama, kalmar da na faɗa sau dubbai a kan dukiyar mutane, sai ta maƙale. Sai da na sha ruwa sannan ta fita.

Na biya banki kaf, na tsaya a kansu har suka rubuta mini cewa ba sa bi na ko kwabo. Da ragowar na saya wa Yaya Asabe ɗaki biyu a bayan kasuwa, da sunanta. Ta karɓi makulli, amma har yau in na je gaishe ta tana amsawa ne tana kallon bango. Ni da matata muna haya a Ketu, kullum da asuba ina shiga danfo biyu kafin in iso bencina. Fatake ba su daina sauka a wurina ba, ina tsaya wa mahauta kamar da.

Dillalan gidaje na unguwar sun ce ba a taɓa sayar da fili a layin nan da wannan daraja ba, har wani ya zo yana tambayata yadda na yi. Ciniki ne mafi kyau da na taɓa yi a rayuwata. Daga tasha zuwa kara ta layin gidan ne hanya ta fi kusa, amma ni ta bayan masallaci nake zagayawa.